Sarautar Buckingham Da Chandos: Diyuk Uku, Shekara 67, Sai Ta Mutu

Ran 26 ga watan Maris na shekarar 1889, wani dattijo ɗan shekara 65 ya rasu a gidansa da ke birnin Landan. Sunansa kaɗai ya isa ya cika layi biyu na jarida, watau Richard Plantagenet Campbell Temple-Nugent-Brydges-Chandos-Grenville. Shi ne Diyuk na uku na Buckingham da Chandos, ya taɓa riƙe ma'aikatar da ke kula da ƙasashen da Ingila take mulka, ya kuma yi Gwamnan Madras a Indiya. Ya bar 'ya'ya uku, dukansu mata. Saboda wannan dalili kaɗai, ranar da aka kai shi kabari aka binne shi tare da babbar sarautar gidansu, har yau kuwa ba a sake naɗa kowa a kanta ba.

Mai karatu zai so ya san yadda sarauta take mutuwa alhali ga 'ya'ya ga jikoki. A ƙasar Hausa in mai sarauta ya ƙaura, masu zaɓe kan duba cikin zuriyar gidan, ko ɗa, ko ƙane, ko ɗan wa, su ɗauko wanda ya dace. A Ingila ba haka abin yake ba. Manyan sarautunsu na gado hawa biyar ne: Diyuk shi ne na sama, sai Makwis, sai Arl, sai Baikawun, sai Baron. Kowace sarauta tana da takardar da Sarki ya bayar ranar da ya ƙirƙiro ta, a cikin takardar nan ne aka rubuta wanda zai gada, galibi kuwa abin da ake rubutawa shi ne 'ya'ya maza na halal da suka fito daga tsatson wanda aka fara naɗawa, babba kafin ƙarami. Babu zaɓe, babu roƙo. Ranar da maza suka ƙare a wannan layi, sarauta ta tafi ke nan, ko da gidan cike yake da mata da 'ya'yansu. Haka ta faru ga Gwamna Lugga, wanda aka ba shi sarautar Baron a 1928, ya mutu a 1945 bai haihu ba, sarautar ta bi shi.

Sunan Buckingham ma kansa kamar ba shi da sa'a. Kafin wannan gida, sau uku ana ɗora shi a kan wasu gidaje yana zamewa. Na gidan Stafford ya ƙare a 1521 da aka fille wa mai riƙe da shi kai, na gidan Villiers ya ƙare a 1687, na gidan Sheffield kuma a 1735. Su mutanen Sheffield ɗin ne suka gina gidan nan na Landan da Sarki Joji na III ya saya a 1761, wanda ya zama Fadar Buckingham.

Daga kiwon tumaki

Asalin gidan da ake magana a kai ba na sarauta ba ne. Wani mai kiwon tumaki ne, Peter Temple, mutumin Burton Dassett a lardin Warwickshire, ya yi arziki da sayar da gashin tumaki, ya karɓi hayar ƙasar Stowe a lardin Buckinghamshire a 1571. Ɗansa John ya saye ta ɗungum a 1589. Jikansa Thomas kuwa ya tarar da zamanin Sarki Jemis na I, wanda baitulmalinsa ya bushe har ya ƙago wata ƙaramar sarautar gado mai suna Baronet yana sayar da ita a kan fam 1,095. Thomas ya biya a 1611, ya zama Sa Thomas Temple, Baronet na Stowe. Da kuɗi aka ɗora tubalin farko, ba a ɓoye ba.

Wanda ya fitar da gidan daga cikin tsaka-tsakin attajiran karkara shi ne Baronet na huɗu, Richard Temple, da aka haifa a 1675. Soja ne, ya yi yaƙi da Faransa a ƙarƙashin Diyuk na Marlborough, ya kuma goyi bayan Sarki Joji na I lokacin da aka ɗauko shi daga Jamus. Aka saka masa da sarautar Baron Cobham a 1714. Da shekara ta kewayo ya auri Anne Halsey, 'yar wani mai kamfanin giya a Landan, ta shigo masa da dukiya mai yawa. A 1718 aka ɗaga shi zuwa Baikawun Cobham. A nan ne ya yi wata dabara da ya kamata a riƙe, domin za a sake haɗuwa da ita a ƙarshen labarin. Da yake bai haihu ba, ya sa aka rubuta a takardar sarautar cewa in ya mutu babu ɗa, sarautar ta koma ga ƙanwarsa Hester, matar Richard Grenville na Wotton, da 'ya'yanta maza. In su ma sun ƙare, ta koma ga zuriyar ɗaya 'yar'uwar tasa, Christian, matar Lyttelton.

Cobham ya zuba dukiyarsa a kan lambun Stowe. Ya tara gwanayen gini da na tsara fili na zamaninsa, irin su Vanbrugh da Bridgeman da Kent da Gibbs, aka haƙa tafkuna, aka ta da tuddai, aka gina ɗakunan ado barkatai masu kama da na mutanen Rum da Girka. Lancelot Brown, wanda daga baya ya zama sarkin masu tsara lambu a Ingila, a nan ya yi shugaban ma'aikatan lambu daga 1741. Lambun kuwa har siyasa aka yi da shi. Da Cobham ya ɓata da Firayim Minista Walpole a 1733 aka ƙwace masa rundunarsa, sai ya koma Stowe ya riƙa kafa gumakan mutanen da yake ganin su ne masu gaskiya, yana yi wa gwamnati habaici da dutse. Ya kuma tattara samarin danginsa ya tura su Majalisar Wakilai su addabi Walpole. A cikin samarin nan akwai William Pitt.

Gidan Firayim Ministoci

Cobham ya rasu a 1749. Hester ta gaje shi, aka ƙara mata sarautar Temple mai darajar Arl, wadda ɗanta Richard ya gada a 1752. Daga nan Stowe ta zama ta mutanen Grenville, sai suka liƙa sunan Temple a jikin nasu.

Cikin shekara hamsin da suka biyo baya da wuya a sami wani gida a Ingila da ya kai wannan ƙarfi a siyasa. George Grenville, ƙanen Arl Temple, ya yi Firayim Minista daga 1763 zuwa 1765, shi ne ya ɗora wa Turawan Amurka harajin kan sarki wanda ya fara hura wutar tawayensu. Ƙanwarsu ta auri William Pitt, wanda shi ma ya riƙe gwamnati, ta haifi William Pitt ƙarami da ya zama Firayim Minista a 1783 yana ɗan shekara 24. Ɗan George Grenville kuma, William, ya hau wannan kujera a 1806, a hannunsa ne Majalisa ta zartar da dokar hana cinikin bayi ta 1807, dokar da ta sa jiragen ruwan yaƙin Ingila suka fara sintiri a gaɓar Afirka ta Yamma.

Ƙarfin nan yana da tushe. Garin Buckingham, wanda yake maƙwabtaka da Stowe, yana aika wakilai biyu Majalisa, masu jefa ƙuri'a kuwa a garin mutum 13 ne kacal, dukansu a tafin hannun mai gidan Stowe. Akwai kuma muƙamai na gwamnati waɗanda ake cin albashinsu ba tare da an yi aikin komai ba. George, ɗan Firayim Minista Grenville, tun yana yaro aka ba shi irin wannan muƙami a baitulmali, ya ci shi har ya mutu. Hanya ta uku ita ce aure. Mazan gidan sun gwanance wajen auren mace tilo wadda za ta gaji dukiyar ubanta, kowace amarya kuwa takan zo da gonaki da sunan gidansu, a ɗora a kan na da. George ya auri Mary Nugent a 1775, ta kawo ƙasa a Ayalan da Essex da Cornwall. Ya gaji baffansa Arl Temple a 1779, bayan da keken doki ya kayar da tsohon a cikin filin Stowe.

A watan Disamba na 1783 wannan George ne ya yi wa Sarki Joji na III aikin da ba a manta ba. Sarki yana son ya kayar da gwamnatin Fox da North, sai ya ba George izini ya gaya wa 'yan Majalisar Sarakuna cewa duk wanda ya goyi bayan dokar gwamnati a kan Indiya, Sarki zai ɗauke shi abokin gaba. Dokar ta faɗi, gwamnati ta bi ta. George ya sa rai za a ba shi Diyuk, amma Sarki ya ce ya ajiye wannan daraja ga 'ya'yan gidan sarauta. Abin da ya samu a 1784 shi ne Makwis na Buckingham. Ya karɓa yana guna-guni, ya mutu a 1813 bai daina neman hawa na sama ba.

Ɗansa Richard ya gaji dukiyar, ya gaji ƙishirwar. Shi ma ya yi irin auren gidan: a 1796 ya auri Anna Eliza Brydges, 'ya tilo ga Diyuk na ƙarshe na Chandos, wanda sarautarsa ta mutu a 1789 don rashin ɗa namiji. Ita jinin tsofaffin sarakunan Ingila ce, ta wajen ƙanwar Sarki Henri na VIII, shi ya sa suka raɗa wa ɗansu Plantagenet, sunan tsohon gidan sarautar. A 1799 sunan gidan ya zama biyar jere. A cikin dukiyar da amaryar ta kawo akwai gonar rake mai suna Hope a Jamaika, da bayi fiye da 300 'yan asalin Afirka. Abin mamaki, gidan da ya fitar da mutumin da ya hana cinikin bayi, shi ne ya fitar da wanda ya shugabanci ƙungiyar masu gonakin bayi a Landan, watau ɗan wannan Richard, wanda ya tsaya a Majalisa yana ja da masu neman a 'yanta bayin. Da aka yi dokar 'yantawa a 1833, gwamnati ta biya diyya a kan bayin Hope. Masu gona aka biya, bayin ba su ga ko anini ba.

Sarautar da aka daɗe ana nema ta samu a watan Fabrairu na 1822, kuma ta hanyar ciniki ta zo. Gwamnatin Lod Liverpool tana bukatar ƙuri'u a Majalisa, Richard kuwa yana da 'yan tsirarun wakilai da ke bin umurninsa. Aka shirya: su goyi bayan gwamnati, a ba ɗan'uwansa Charles Wynn kujerar minista, shi kuma a naɗa shi Diyuk na Buckingham da Chandos. Jama'a da yawa sun yi ba'a da wannan naɗi, domin kowa ya san ba wani aikin bajinta aka saka wa ba. A wannan rana aka ƙara masa wata sarautar Arl mai suna Temple na Stowe, wadda aka rubuta cewa in maza sun ƙare za ta iya bi ta kan jikarsa mace.

Bashi

Tun kafin rawanin ya zauna, ɓaraka ta riga ta shiga. Diyuk na farko mutum ne mai son tara kaya: zane-zane, littattafai, tsofaffin rubuce-rubuce, duwatsu, duk abin da ya gani sai ya saya. Ubansa ya riga ya saba wa gidan da hidimar da ta fi ƙarfinsa, har Sarkin Faransa Luwi na XVIII da ke gudun hijira ya zauna a gidansu na Gosfield daga 1807. Da bashi ya yi wa Diyuk katutu, sai aka ba shi shawara ya rufe Stowe ya tafi waje don a rage kashe kuɗi. Ya tafi a 1827, amma a cikin jirgin ruwa nasa na kansa da ya sa wa sunan matarsa, ya yi shekara biyu yana yawo a Bahar Rum, ya komo da lodin kayan tarihi da ya sayo a Italiya. Ya mutu a 1839.

Diyuk na biyu shi ne ya ƙarasa aikin. A siyasa yana da suna, ana yi masa kirari da abokin manoma. Shi ne ya sa aka shigar da wani sashe a dokar zaɓe ta 1832 wanda ya ba manoma masu biyan hayar gona ta fam 50 a shekara damar jefa ƙuri'a, abin da ya ƙara wa masu ƙasa ƙarfi, tun da ɗan haya ba ya saɓa wa mai gona. Ya shiga gwamnatin Peel a 1841, ya fita a farkon 1842 da ya ga ana shirin taɓa dokar da ke kare farashin hatsin gida. Amma a sha'anin kuɗi ba shi da linzami. Ya riƙa cin bashi mai ruwa da yawa yana sayen gonaki a Buckinghamshire don ya ƙara yawan masu yi masa ƙuri'a, alhali hayar da gonakin ke kawowa ba ta kai ruwan bashin ba. Kowace gona da ya saya sai ta ƙara zurfin ramin. Da manyan masu ba da rance suka ja baya, sai ya koma ga 'yan ba da bashi na bayan fage, masu ruwa mai yanka wuya.

Akwai abu guda da ya tsare dukiyar daga hannun masu bin bashi. Al'adar manyan gidajen Ingila ce su ɗaure ƙasarsu da yarjejeniya a gaban lauya, ta yadda mai gida zai ci amfaninta iyakar ransa amma ba shi da ikon sayarwa ko jinginarwa, domin ta magaji ce. Ba a kwance wannan ɗauri sai magajin ya cika shekara 21 ya sa hannu da kansa. Ɗan Diyuk ya cika shekarun nan a watan Satumba na 1844. Ba a daɗe ba uban ya shawo kansa ya sa hannu, aka jingina gadon yaron don a biya bashin uba. Masu tarihi sun nuna cewa saurayin bai san iyakar zurfin bashin ba sa'ad da ya yarda.

Ana cikin wannan hali ne Sarauniya Biktoriya da mijinta Albert suka kawo ziyara Stowe a watan Janairu na 1845, suka kwana uku. Mai hankali da ya nemi uzuri. Diyuk kuwa sai ya sake ƙawata ɗakunan gidan da sababbin kaya na bashi, ya jera 'yan hayarsa a kan dawakai, ya yi wa leburori sababbin riguna, aka haskaka gari. Ana ba da labari cewa wasu daga cikin barorin da suka tsaya da kayan fada a ranar, ma'aikatan masu bin bashi ne da aka roƙa su sa kayan don kada asiri ya tonu. Ko gaskiya ne ko ƙari, labarin ya nuna yadda mutane suka ɗauki ziyarar.

A ƙarshen watan Agusta na 1847 ma'aikatan kotu suka shiga Stowe suka kama kaya. Da aka yi lissafi, bashin ya kusa fam miliyan ɗaya da rabi, a zamanin da leburan gona ba ya samun fam 30 a shekara. Ran 15 ga Agusta na 1848 kamfanin Christie ya buɗe gwanjo a cikin babban ɗakin cin abinci na gidan, aka yi kwana 40 ana buga ƙararrawa. Jama'a suka yi ta tururuwa daga Landan da sauran wurare, wasu don saye, da yawa don kallo kawai, su ga gadon da Sarauniya ta kwana a kai da farashi a jikinsa. An sayar da azurfa da zinariya, da zane-zane, da kujeru, da kwalaben giya wajen dubu 21 da ke ɗakin ƙasa. Jaridar Times ta yi sharhi mai zafi, ta ce wannan wauta ce da ta zubar da mutuncin masu sarauta baki ɗaya. Duk abin da zuriyar gidan ta tara, da aka haɗa kuɗinsa, fam dubu 75 da 'yan kai ne. Bai kai ko kashi shida cikin ɗari na bashin ba.

Daga cikin kayan akwai wani tsohon hoton marubucin nan Shakespeare da ya zo ta gidan Chandos. Lod Ellesmere ya saye shi a kan gini 355, ya ba da shi kyauta a 1856 ga sabon gidan ajiye hotunan manyan mutane na Landan, inda aka ba shi lamba ta ɗaya. Tsofaffin rubuce-rubucen kuma Lod Ashburnham ya saye su a 1849, daga baya gwamnati ta saye su a 1883. Sai aka juya kan ƙasa. Aka sayar da ta Ayalan, da ta Hampshire, da sauransu, har gonakin da suka haura eka dubu 50 suka dawo wajen dubu 10. Matar Diyuk ta rabu da shi a 1850. Ya ƙare rayuwarsa yana buga tsofaffin wasiƙun kakanninsa a littattafai don ya sami na kashewa, ya mutu a 1861 a wani otal da ke tashar jirgin ƙasa ta Paddington.

Wanda ya biya

Ɗan da aka sa ya sa hannu shi ne ya ɗauki kayan, kuma a duk gidan babu wanda ya fi shi cancantar yabo. Bai gudu ba. Ya zauna a ƙaramin gidansu na Wotton, ya yi abin da ɗan Diyuk bai saba yi ba a wancan zamani, watau ya kama aikin albashi. Daga 1853 zuwa 1861 shi ne shugaban kamfanin jirgin ƙasa na London and North Western, wanda yake cikin mafi girma a ƙasar. Ya riƙa biyan bashi kaɗan-kaɗan, har ya iya sake buɗe Stowe bayan mutuwar ubansa, ya sayo wasu daga cikin kayan da aka yi gwanjonsu. Ya shiga gwamnati a 1866, ya riƙe ma'aikatar ƙasashen mulkin mallaka daga Maris na 1867 zuwa ƙarshen 1868, lokacin da Ikko take cikin ƙasashen da ke ƙarƙashin wannan ma'aikata. A 1868 ya tabbatar wa Majalisar Sarakuna cewa wata tsohuwar sarautar Sikotilan mai suna Kinloss, wadda aka ƙirƙira a 1602, tasa ce ta wajen kakarsa. Ita wannan sarauta mace tana iya gadonta. Mutumin da ke da 'ya'ya mata uku ya san abin da yake yi.

A 1875 aka tura shi Madras, sai ya faɗa cikin babbar yunwar 1876 zuwa 1878 wadda ta kashe miliyoyin mutane a kudancin Indiya. Ya buɗe ayyukan taimako, ciki har da haƙa wani sashe na hanyar ruwa da har yanzu ake kira da sunan Buckingham, ya kuma nemi gudummawa daga jama'ar Ingila. Gwamnatin Indiya ta ga kuɗi na fita da yawa, ta aiko da wani jami'i ya tsuke bakin aljihu, ya rage abincin masu aikin taimako zuwa laba ɗaya ta hatsi a yini da ɗan abin cefane. Sunan jami'in Sa Richard Temple, daga wani reshe na tsohon gidan Temple da ya zauna a Worcestershire, wanda ya riƙe sunan ta wajen mace. Ɗan wannan jami'i, Charles Temple, shi ne ya yi Razdan a Bauci da Sakkwato da Kano, ya zama Mataimakin Gwamna mai kula da Jihar Arewa daga 1914 zuwa 1917.

Matar Diyuk ta fari, Caroline Harvey, ta rasu a 1874. Ya sake aure a 1885 yana da shekara 61, ba a sami haihuwa ba. Ba shi da ƙane, ubansa ma ba shi da ƙane, saboda haka babu wani namiji da ya rage daga tsatson Diyuk na farko.

Da ya rasu a 1889 sai lauyoyi suka baje takardu, kowace sarauta ta kama hanyar da aka rubuta mata. Ta Diyuk ta mutu. Na Makwis guda biyu, Buckingham da Chandos, suka mutu. Tsohuwar sarautar Arl Temple ta 1749 da ta Arl Nugent su ma suka mutu. Uku ne suka tsira, kowace saboda wani sharaɗi da wani ya yi tunanin sakawa tun da daɗewa. Temple na Stowe ta tafi ga ɗan 'yar'uwarsa, William Gore-Langton. Kinloss ta tafi ga babbar 'yarsa Mary. Ta Baikawun Cobham kuwa sai ta tsallaka gidan Lyttelton, ga jikan jikokin Christian, bisa ga abin da aka rubuta a 1718, watau bayan shekara 171.

Gidan Stowe kansa ya faɗa hannun Ledi Kinloss, ga shi tsawonsa ya wuce ƙafa 900, ga kuɗin riƙe shi babu. Ta ba da shi haya ga mai neman gadon sarautar Faransa, wanda ake kira Kont na Faris, ya zauna a ciki har ya mutu a 1894. Ta yi ƙoƙari ta riƙe gidan don babban ɗanta Richard, amma aka kashe shi a fagen fama a watan Disamba na 1914, farkon Yaƙin Duniya na Ɗaya. Ƙanensa, wanda limamin coci ne, ya sa gidan a kasuwa a 1921. Wani attajiri mai suna Harry Shaw ya saya a kan fam dubu 50, aka sake yin gwanjon abin da ya rage a ciki, har aka fara maganar rushe ginin. Wasu masu neman wurin kafa makarantar kwana ne suka cece shi. Ran 11 ga Mayu na 1923 Makarantar Stowe ta buɗe da yara 99, a ƙarƙashin shugabanta na farko J. F. Roxburgh, ɗakunan da aka ƙawata don Sarauniya suka zama wurin cin abinci da karatun 'yan makaranta. Lambun Cobham ya koma hannun hukumar National Trust a 1989. Takardun gidan kuwa, da wasiƙu da littattafan haya da takardun bashi, wani attajirin Amurka mai suna Henry Huntington ya saye su a 1925, suna ɗakin karatunsa da ke Kalifoniya, can masu bincike suke zuwa su duba su.